Dodon Bariki da Tsohon Maigadi

A hunturun da ya haɗa ƙarshen 2015 da farkon 2016, akwai wani ɗalibin jami'a a unguwar Kurna ta birnin Kano wanda ba ya kwanciya sai ya yi roƙo. Idan dare ya raba, ƙannensa biyu da suke ɗaki ɗaya da shi sun yi nisa a barci, yakan ja bargo ya rufe kansa tare da wayarsa, ya rubuta wa abokan wasansa gajeren saƙo cewa a taimaka masa da dodo ɗaya da balan-balan ɗaya. Wata rana cikin minti biyu a ba shi, wata rana kuwa ya yi ta jira har cajin wayar ya kusa ƙarewa. Sai ya ga barikinsa ya cika sannan hankalinsa yake kwanciya, ya kashe data, ya yi addu'ar barci, ya bar garinsa a hannun halittar da ba ta da rai.

Garin yana cikin wasan Clash of Clans ne, wanda kamfanin Supercell na birnin Helsinki a ƙasar Finland ya fitar a 2012, aka kuma sako shi a wayoyin Android a watan Oktoba na 2013, daga nan ya bi wayoyi masu rahusa ya shiga majalisun samari da ɗakunan kwanan ɗalibai. Kowane ɗan wasa yana da gari guda: fada a tsakiya, rumbunan zinare da na wani tsimi mai launin shunayya, ganuwa, igwa da hasumiyoyin maharba. Da wannan dukiya ake ɗaga gine-gine, kuma hanya mafi sauri ta samunta ita ce wawashe rumbun wani. Ana ba mai hari daƙiƙa 30 ya duba garin da aka nuna masa, sannan minti 3 ya yi abin da zai iya. Abin da ya sa wasan ya zama abin da ya zama shi ne wata ƙa'ida guda: a wancan zamani ba a kai wa mutum farmakin ganima matuƙar yana cikin wasan. Ke nan duk wanda aka washe, a bayan idonsa aka washe shi, yana barci ko yana aji ko yana sahun salla. Da ya dawo sai ya tarar da kufai da lissafin abin da aka kwashe, da kuma hoton yadda aka yi yaƙin, wanda zai iya maimaita kallonsa har ya gaji.

A irin wannan duniya, tambayar wa zai tsaya wa mutum idan ba ya nan ita ce tambaya ta farko. Igwa da hasumiya suna harbi, amma a kafe suke. Abin da ke motsi, ya bi maƙiyi, ya sauya yadda yaƙi zai ƙare, shi ne dakarun da ke kwance a cikin barikin ƙungiya. Ƙungiya kan tara mutum har 50, kuma a lokacin ɗan wasa ba ya iya cika barikinsa da kansa, sai abokan ƙungiya sun ba shi kyauta daga nasu dakarun. A matakin da ɗalibin yake, wato fada ta 8, barikin yana ɗaukar gurbi 25. Dodo mai fuka-fuki da aman wuta yana cin gurbi 20, balan-balan mai sakin bam yana cin 5, shi ya sa roƙonsa na kullum bai sauya ba. Da zarar maƙiyi ya taka cikin da'irar da ke kewaye da bariki, dakarun sukan fito da kansu, kwamfuta ce ke zaɓa musu wanda za su kai wa da hanyar da za su bi. Mai gari ba shi da ta cewa.

Ya amince da dodon, amma bai amince da shi har zuci ba, don haka ya koma yi wa garin gadi da kansa. Tunda ba a kai hari ga wanda ke cikin wasa, sai ya riƙa zama a ciki, yana ɗan taɓa fuskar wayar lokaci zuwa lokaci don kada ta ɗauka ya tafi. Masu wasan sun san da wannan dabara, suna fitar da mutum dole idan ya daɗe, kuma sauye-sauyen da suka yi a watan Disamba na 2015 sun ƙara taƙaita sa'o'in. Sun kuma toshe wata tsohuwar hanya ta talaka, ta ajiye fada a wajen ganuwa domin wani ya rusa ta ya wuce, mai gari ya samu garkuwar sa'o'i a banza. Bayan sauyin, sai an yi wa gari ɓarna ta gaske sannan a ba shi garkuwa ta awa 12 zuwa 16, gwargwadon ɓarnar. Wanda ke son kwanciyar hankali fiye da haka, akwai garkuwar sayarwa da lu'ulu'un wasa, lu'ulu'un kuma da kuɗin gaske aka fi samunsa. Ɗalibin ba shi da kuɗin. Yana da dare, da data da ake saye da canjin kuɗin mota, da wutar lantarki da ke zuwa lokacin da ta ga dama. Ranar da aka kwana babu wuta, yakan kai wayar shagon caji da safe, ya wuni a makaranta yana lissafin rumbunansa a zuci. Laccar ƙarfe takwas ta fara kuɓuce masa, sakamakon gwaji biyu ya fito ba yadda aka saba gani ba, bai kuma faɗa wa kowa a gida ba.

Mahaifinsa maigadi ne. Tun yana saurayi ya baro ƙauyensu na wajen Ɗambatta da niyyar cin rani, ya samu gadin wani sito a rukunin masana'antu na Bompai, ranin ya wuce, damuna ta wuce, bai koma ba. Kullum bayan la'asar yakan ɗaura bargo da tocila da ƙaramar rediyo a bayan kekensa, ya saƙala gora a jikin ƙarfen keken, ya tafi, sai hantsi ya dawo. Da wannan albashi ya yi aure, ya sayi fili, ya kai yara boko. Ɗan ya san haka sarai, yana kuma girmama uban yadda ya kamata, sai dai akwai wani abu da ya ɓoye ko ga kansa. A takardun makaranta, wurin da ake tambayar sana'ar uba, tun daga sakandare abin da yake rubutawa shi ne ɗan kasuwa. Bai taɓa zuwa wurin aikin uban ba. Idan abokai suna hira suka yi ba'a da masu gadi da barcinsu a kan benci, yakan yi dariya tare da su.

Wata ranar Asabar da hantsi, uban ya dawo daga aiki ya zauna a zaure yana shan koko, ɗan yana gefe a kan tabarma ya haɗe rai yana kallon waya. An washe shi cikin dare, kuma karo na uku ke nan yana maimaita kallon yaƙin. Uban ba mai shiga sha'anin wayoyin yara ba ne, amma ƙarar da ke fita da yanayin fuskar ɗan suka sa ya miƙa wuya. A fuskar wayar, wata maharbiya guda ɗaya tak ta sauka a gefen gari. Nan take dodon ya fito daga bariki, balan-balan na biye da shi a hankali, suka nufe ta. Dodon ya ƙone ta. Sai wata ta sauka can nesa kaɗan, ya bi ta. Wata kuma a kusurwar fili, inda babu igwa ko hasumiyar da harbinta ke kaiwa, ya bi ta har can. A nan mai harin ya zubo masa dafi, ya kewaye shi da matsafa da maharba, kafin a ƙirga goma ya faɗi. Sannan aka saki rundunar gaske a kan garin.

"Kai, wannan abin da ya fita da gudu, mene ne aikinsa?"

"Gadi yake yi, Baba."

"Gadi?" Uban ya ajiye ludayi. "Wa ya ɗauke shi aiki? Mayar min baya in gani."

Ɗan ya mayar. Uban ya kalla har ƙarshe bai ce komai ba, ya sa aka sake mayarwa. A karo na biyu ya ɗora yatsa a kan maharbiyar farko ya ce wannan ba faɗa ta zo yi ba, aiko ta aka yi ta ga ko akwai mutum a gidan. Ya tambaya ko dodon yakan ƙi fita wata rana. Ɗan ya ce a'a, duk wanda ya taka da'irar sai ya fito masa. Ya tambaya ko yakan koma bakin ƙofa idan ya ga an yi nisa da shi. Ɗan ya ce muddin akwai maƙiyi a fili ba ya komawa. Uban ya girgiza kai ya ce, to ai wannan ba naka ba ne, na wanda ya san halinsa ne.

Abin da tsohon ya gane a kallo biyu shi ne abin da masu ƙirƙirar wasannin intanet suka shafe kusan shekara ashirin suna fama da shi a lokacin. A 1997 kamfanin Origin Systems na Amurka ya buɗe Ultima Online, ɗaya daga cikin wasannin farko da suka tara dubban mutane a duniya guda da ba ta rufewa. An zuba dogarai na kwamfuta a birane: idan aka taɓa mutum ko aka yi masa sane, ya kira su, sukan bayyana nan take su kashe mai laifi. Sai 'yan fashin wasan suka koyi daidai inda ikon dogaran ya ƙare, suka riƙa tsayawa taku kaɗan bayan iyakar suna jiran masu fita haƙar ma'adinai. Abin ya kai ga a shekarar 2000 kamfanin ya raba duniyar biyu, ya buɗe wani ɓangare mai suna Trammel inda ba a taɓa kowa sai da yardarsa. Wannan amincewa ce cewa dogarin na'ura bai wadatar ba, sai an sauya dokar duniyar kanta.

Wasan EVE Online na kamfanin CCP da ke ƙasar Iceland, wanda ya fara a 2003, ya bi wata hanya dabam. A yankunansa masu tsaro akwai rundunar 'yan sandan sararin samaniya mai suna CONCORD, wadda ba a cin galaba a kanta, kuma duk wanda ya kai hari ba bisa ƙa'ida ba sai ta tarwatsa jirginsa. Sai dai tana ɗaukar wasu daƙiƙu kafin ta iso. 'Yan wasa suka zauna suka yi lissafi irin na kasuwa: idan aka tara ƙananan jirage masu arha suka buɗe wa babban jirgin dakon kaya wuta a lokaci guda, zai fashe kafin 'yan sanda su zo, a yi asarar masu arhar, wani abokin da bai yi harbi ba ya zo ya kwashe kayan. Hukunci yana sauka kowane karo ba fashi, mai kaya kuma ya riga ya yi asara. A Minecraft, inda mutum ke jera tubalan ƙarfe huɗu ya ɗora musu kabewa a matsayin kai su zama ƙaton mutum-mutumi mai gadi, yaro ɗan firamare ma ya san cewa idan ya hau tubali uku a tsaye hannun ƙaton ba ya kai masa. A ARK: Survival Evolved, wanda ya fito a 2015, jikin ɗan wasa yakan zauna kwance yana barci a cikin duniyar bayan ya kashe na'urarsa, dabbobin zamanin da da ya sha wahalar horarwa su ne ke tsaron gidansa, kuma abin da maharan dare suka fi yi shi ne su janye dabbobin da ɗai-ɗai zuwa inda za su hallaka su. Dabara guda ce a wasa huɗu da ba su haɗa kamfani ba.

Kuskure ne a ɗauka cewa gazawar masu rubuta manhaja ce. Ba abu ne mai wuya ba a ce wa dodon kada ya wuce taku kaza daga bariki, ko ya yi biris da maharbiya guda. An bar shi da wannan wauta ne da gangan, domin kowane mai gari shi ma mahari ne da rana, kuma da a ce gadi ya cika, da babu wanda zai ci wani, wasan ya mutu. Daɗin kai hari yana cikin karanta halin mai gadi da yi masa wayo. Ga kuma batun ciniki, wanda ba a cika faɗa ba: garin da ba a iya washewa ba ya sa mai shi sayen garkuwa, ba ya kuma tashinsa da tsakar dare ya duba waya. A 2016 kamfanin Tencent na ƙasar Sin ya jagoranci sayen mafi yawan hannun jarin Supercell a kan dala biliyan 8.6, kuma wani kaso na wannan daraja an gina shi ne a kan fargabar mutane irin ɗalibin Kurna, ko da shi bai taɓa biyan ko sisi ba, tunda rumbunsa ne abincin masu biya. An ba shi mai gadi daidai ƙarfin da zai sa ya sa rai, daidai raunin da zai hana shi barci.

Uban bai san ko ɗaya daga cikin waɗannan sunaye ba, ba kuma su ne a ransa ba. Ya gama kokonsa, ya goge baki, ya yi shiru na ɗan lokaci, sannan ya ba da labarin da ko matarsa ba ta cika jin sa daga bakinsa ba. A shekararsa ta biyu da fara aiki, ɗan bai zo duniya ba tukuna, su biyu ne a siton, shi da wani dattijo, da kare ɗaya. Wani dare na hunturu dattijon ba shi da lafiya bai zo ba. Wajen ƙarfe biyu ya ji an jefa dutse a kan kwanon rufi ta baya. Kare ya zabura, shi ma ya ɗauki gora da tocila ya bi shi. Da ya isa sai ya hango inuwar mutum guda a kan katanga, ya yi kansa, mutumin ya dira waje, ya buɗe ƙaramar ƙofar baya ya bi shi cikin duhu, yana jin kansa namiji. Ya yi gudu mai nisa kafin ya tsaya yana haki, sannan wani abu ya faɗo masa a rai. Ko da ya dawo, an ɓalle kwaɗon gaba, dilolin yadi sun ragu, sawun tayar mota na nan a ƙasa.

"Ka san wa aka fara kamawa?" ya ce. "Maigadi. Kullum shi ake fara kamawa." Ya kwana huɗu a tsare kafin wani mutumin garinsu ya tsaya masa. Mai siton bai kore shi ba, amma ya yi kusan shekara ana yankar albashinsa, a shekarar da ya yi niyyar kai kuɗin aure. Ya ce abin da ya fi ƙona masa rai ba ɗaurin ba ne, sanin da ya yi ne cewa mutanen sun kwana da yawa suna kallonsa kafin su zo. Sun san lokacin da yake zagaye, sun san inda yake shan shayi, sun san yaro ne mai zafin zuciya da zai bi mutum. Tun daga ranar, ya ce, ko harbi ya ji ta baya ba ya barin ƙofa, sai dai ya busa usur masu gadin maƙwabta su amsa. Ba ya zagaye a lokaci guda dare biyu a jere. Wani dare ya kunna rediyo a ɗakin gadi ya koma wani lungu ya zauna a duhu. Ɓarawo, in ji shi, ba gora yake tsoro ba, abin da bai sani ba yake tsoro.

Ɗan ya rasa abin cewa. Shekara ashirin da biyu yana cin tuwon gadi, kuma sai a wannan hantsi ya fara jin cewa aikin yana da ilmi a cikinsa, ilmin da aka saya da kwana huɗu a bayan kanta da albashin shekara. Abin da ya iya fitarwa kawai shi ne, "Allah ya saka da alheri, Baba." Uban ya ce amin, kamar bai gane dalilin addu'ar ba, ya mayar da hankali kan wayar. Ya tambaya ko ana iya ɗage gidan dodon daga inda yake. Aka ce masa ana iyawa. Ya ce to me ya kai ɗakin maigadi bakin jeji? A kai shi tsakiya, inda sai an shigo sosai zai ji motsi. Tun da ba za a iya hana shi bin mutum ba, a hana mutum isa inda zai gan shi da arha.

Wannan ita ce shawarar da ƙwararrun 'yan wasan suka daɗe da cimmawa, kuma ɗalibin ya sha ganin ta a tsare-tsaren da ake yaɗawa, bai dai taɓa fahimtar dalilinta ba, don shi rumbunansa yake cusawa tsakiya saboda tsoron asara. A wasan ba a sauke dakaru a jikin gini, sai an bar ɗan tazara, don haka idan bariki yana tsakiya, gine-ginen waje kuma suka bazu har suka rufe da'irarsa, maharbiya guda ba ta isa ta tayar da dodo ba. Dole mai hari ya kashe ƙattai ko mahaya aladu don ya taɓo da'irar, ko kuwa ya shiga da rundunarsa duka ya gamu da dodon a ƙarƙashin harbin hasumiyoyi. Sun shafe abin da ya fi awa guda a zauren, uban da bai runtsa ba tun jiya yana nuni da yatsa, ɗan yana jan gine-gine. Da aka zo kan tarkuna da hasumiyoyin lantarki masu ɓuya a ƙasa, waɗanda mai hari ba ya gani sai ya zo kansu, fuskar tsohon ta washe. Ya ce waɗannan su ne ma'aikata, a riƙa sauya musu wuri. Ya kuma ce a daina roƙon dodo kullum, wata rana a sa matsafa, wata rana wani abu, tunda ba a ganin cikin bariki daga waje.

Sai ya yi wata tambaya da ɗan bai zata ba: su wane ne ke ba shi dodon? Ɗan ya lissafa waɗanda ya sani. Akwai abokin karatunsa, akwai wani tela a Zariya, akwai wani mai sayar da kayan waya a Maraɗi, akwai wasu 'yan Indonesiya biyu da suka shigo ƙungiyar ba a san ta yaya ba, waɗanda safiyarsu ke kamawa lokacin da dare ya tsala a Kano, shi ya sa sau da yawa su ke amsa roƙonsa na ƙarshe. Uban ya tambaya, shi kuma me yake ba su? Ɗan ya ɗan sunkuyar da kai, don wasan yana nuna adadin abin da kowa ya bayar da abin da ya karɓa, kuma nasa lissafin ya karkata sosai wajen karɓa. Uban ya ce a layinsu na Bompai, maigadin da ba ya amsa usur ɗin wani, ranar da ya busa nasa zai ji shiru. Ya tashi, ya karkaɗe rigarsa, har ya kai ƙofar shiga gida ya juyo.

"Kuma ka riƙa barci. Mutum biyu ba sa gadin dare a gida ɗaya. Ni na ɗauki wannan don kai ka yi na rana."

Daga yadda ya faɗe ta, ɗan ya gane cewa an san da hasken da ke fita ta ƙarƙashin bargo, wataƙila an san da laccar ƙarfe takwas ma, Inna ce ta faɗa ko ƙannen.

Bai daina wasan ba, kuma ba a daina washe shi ba. Sabon tsarin ya rage masu cin sa da arha, amma wanda ya fi shi runduna yakan shigo ta gaba ya murƙushe dodo da hasumiya da komai, babu wata dabara a ciki. A yaƙin ƙungiyoyi kuwa, wanda aka ƙara wa wasan a 2014, inda ake yini guda ana shiri yini guda ana gwabzawa, sirrin bariki na mutum ɗaya ne kawai: da zarar maharin farko ya gwada, duk ƙungiyarsu za ta kalli yadda aka yi, na biyu ya zo da maganin abin da ya gani. Abin da ya sauya shi ne ƙarfe goma sha ɗaya yakan tura roƙonsa, ya cika wa duk wanda ya roƙa, ya kashe data ko barikin ya cika ko bai cika ba. Wasu safiyoyin yakan tarar da kufai. Yakan danna ya gyara tarkuna, ya saka wayar a aljihu, ya fita neman motar makaranta.

A cikin azumin shekarar, wata rana ƙanensa da ke kai wa uban abincin buɗa-baki ya yi zazzaɓi, Inna tana neman wanda za ta aika, ya ce a ba shi. Ya hau a-daidaita-sahu zuwa Bompai, ya yi tambaya sau biyu kafin ya gane siton. Ɗakin gadin bai kai girman banɗakin makarantarsu ba: benci, buzu, butar shayi, ƙusa da aka rataya usur a jiki. Suka sha ruwa tare da masu gadin maƙwabta su uku, uban ya gabatar da shi da cewa wannan shi ne na jami'a. Bayan sallar isha'i ya ce zai ɗan ƙara zama, uban bai hana ba. Ya nuna masa ƙofar bayan da ya fita ta cikinta a wancan dare, wadda tun tuni aka toshe ta da bulo, ya nuna masa lungun da yake zama idan ya bar rediyo tana magana ita kaɗai. Wajen ƙarfe goma wani abu ya faɗi ta bayan sito da ƙara, ɗan ya miƙe zumbur, uban ko motsi bai yi ba, ya kasa kunne kawai, hannunsa a kan usur. Can sai ga mage ta gifta ta kan katanga.

"Zauna," ya ce. Ya tsiyaya masa shayi. "Yaya mutumin naka? Har yanzu yana fita?"

"Yana fita, Baba. Amma yanzu sai sun shigo ciki."

"An ci garin jiya?"

"Rabi suka ci."

Uban ya gyaɗa kai, ya duba agogon hannunsa, ya ce ya shanye ya tashi kafin abin hawa ya yi wuya, gobe akwai makaranta. Ya raka shi iyakar bakin ƙofa, ya tsaya a nan yana haska masa hanya da tocila har ya kai titi.